Irin Cittar Mama Hulda

Duk wanda ya san Mama Hulda a unguwarmu ta bayan Kwoi, da citta ya san ta. Mu maƙwabta ne, katanga ɗaya ta raba mu. Tun rasuwar mijinta Abednego ita ke noma gonarsa ta bakin rafi, da irin da ya gada wurin ubansa. Shekarar da cuta ta ruɓar mana da citta a ƙasa, nata ne kaɗai ya tsira a layinmu. Ta tara shi a gindin mangwaro, ta lulluɓe da ganye, tana leƙa shi kamar mai jego da jariri.

Sai ga Samson, ɗan wan mijinta, ya kai ta kotun gargajiya, wai gonar aro ce ubansa ya ba Abednego. Yaron da ya girma da tuwon matar nan! Ɗaya daga cikin dattawan da ke zama da alƙali kuwa surukin Samson ne. Aka ba shi gona, ban yi mamaki ba ko kaɗan.

Muka je Kafanchan wurin wata lauya, Barista Doreen. Ta ce Babbar Kotu tana da ikon ta sa a kawo mata shari'ar ta duba, ta rushe hukuncin in ta ga son kai. Ta shigar da ƙara, ta ce Mama ta dawo ran Litinin ta yi rantsuwa. Mama ba ta koma ba. A wurinmu in ka ɗauki magana daga mai unguwa ka kai gaban dagaci, mai unguwa ya cire hannunsa ke nan. Ta ɗauka haka kotu take, ga shi ruwa ya sauka, ta tsaya neman 'yan aiki.

Wata safiya muka tarar da Samson a gonar da 'yan ƙwadago da masinjan kotu, har sun fara huɗa.

"Samson, me kana yi a gona na? Magana yana Kafanchan fa!"

"Mama, kotu ya ba ni. Oda na yana aiki. Ki nuna mani naki."

Ba ta da abin nunawa. Muka hau acaɓa sai Kafanchan.

"Haba Mama," in ji Doreen, "kai ƙara sama ba ya tsayar da hukuncin ƙasa. Sai mun roƙa daban a dakatar. Rantsuwar da na ce ki zo ke nan."

Aka yi rantsuwar, aka sa rana. Kwanakin jiran nan Mama ba ta cin abincin kirki. Samson ya ɗauko hayar mota zai kawo nasa irin daga kasuwa, kuma kowa ya san in ya riga ya shuka, fitar da shi sai Allah. Irinta kuma ya fara tsiro a gindin mangwaro.

Ranar zama, lauyan Samson ya yi ta zuba Turanci, Doreen na mayar masa. Mama ta riƙe hannuna har ya yi mini zafi. Can mai shari'a ta ce ta dakatar da hukuncin, kotun ƙasa ta aiko da duk takardunta. Da Doreen ta juyo ta gyaɗa kai, saura kaɗan Mama ta yi guɗa a gaban 'yan sanda.

A baranda Mama ta ce, "Barista, gobe zan shuka ke nan?"

Doreen ta ce, "Mama, mai shari'a ta ce kowa ya fita daga gonar har a gama shari'a. Har da ke."

"Yaushe za a gama?"

"An ɗaga sai bayan hutun kotu."

Wato sai damina ta kusa ƙarewa. Citta ba ta san hutun kotu ba. Na ce wa Mama ta nemi aron fili, amma a lokacin kowa ya riga ya huɗe nasa. Na ce to mu shiga mu shuka, su zo su kama mu duka. Ta ce ba za ta ɓata shari'arta da hannunta ba.

Washegari ta yaye ganyen. Tsiron ya kai tsawon yatsa, wasu sun fara laushi. Ta aika a kira matan zumuntarmu na coci, kowa ta zo da daro. Ta zauna tana ɓalla irin tana zuba mana, ba ta ɗaga kai ba.

"Ku sa a gefen masara, ko ina kun samu wuri. Kada ya mutu a hannuna."

Damaris, ɗaya daga cikin matan, ta ce ta rage wa kanta ko da kwano ɗaya mana.

"In shuka a ina, Damaris?"

Ni ce ta ƙarshe. Ta kwashe ragowar ta zuba mini har da ƙasar da ke jiki. Na ɗora daron a kaina ina kuka, ita kuma ta ɗauki tsintsiya ta fara share gindin mangwaron.