Rigar ruwan da ta ƙoshi da tsire

Shekarun baya, lokacin da tumbina bai fara riga ni shiga ɗaki ba, ina da wata rigar ruwa da nake hawa mashin da ita. Tun da na saye ta ba ta taɓa ganin sabulu ba. Hujjata kuwa, ruwan sama na yi mata wanka kyauta duk damina.

Ana gobe ɗaurin auren abokina a Argungu, ni ne kuma wakilin ango, ruwa ya tare ni a hanyar Badariya. Na iso gida kafaɗuna sharkaf. Ga farar shaddata an goge tana jiran gobe. Na duba rigar ciki da waje, ko hujin allura babu. To ta ina ruwan ya bi?

Na shanya ta a igiya, na ɗauko buta ina tsiyaya mata ruwa. A gadon baya sai ya dunƙule ya gangara. A wuya da hannuwa da aljihu kuwa, sai ya shige kamar gidan ubansa. Na kai hanci. Wuya, gumi da turare. Hannuwa, baƙin man mashin. Aljihu kuwa, duk tsiren da na taɓa sayowa yana nan da ransa.

Mai ɗakina ta leƙo. "Maigida, mi kaka yi? Alwala kaka yi mata?"

Na ce, "Bincike nika yi. Ba cewa aka yi mai da ruwa ba su shiri ba?"

Ta ce, "Cikin tukunya ke nan. Wagga riga ko kare ya gan ta sai ya biyo ka. Miƙo ta."

Ta wanke ta da sabulun wanka da ruwa mai ɗumi, ba cuɗa da ƙarfi, ta ɗauraye har ta gaji. Ruwan da ya fita, da an zuba wa mashin sai ya kai ni Augie. Muka shanya ta a inuwa.

Washegari a hanyar Argungu, ina wuce Ambursa sama ta buɗe. Ina tuƙi ina sauraren kafaɗuna, shiru. Na sauka Argungu ina taƙama, na tuɓe rigar, sai ga jan tambari kamar faifai a cinyar shaddar. Aljihun tsiren nan bai tuba ba, ruwa ya bi ta ciki ya kwaso jan maiƙo. Haka na karɓi auren mutane hannuna dafe da cinya, har wani dattijo ya matso ya ba ni labarin mai maganin sanyin ƙashi.

Har yau abin na ɗaure mini kai, yadda maiƙo ke cinye santsin da ke korar ruwa ba tare da ya huda komai ba. Yanzu kafin damina ta sauka, da kaina nake wanke rigar ruwata. Abokina kuwa 'ya'yansa sun girma, amma duk sanda muka haɗu, kafin ya tambayi iyali sai ya ce, "Wakili, ya ƙafa?"