Littafi na Bakwai a Takardar Malam Sada

Duk wanda ya taɓa tambayar ƙanena Sada hanya a cikin birnin nan, bai sake ba. Kai dai ka ce mashi, "Malam, ina ne Ƙofar Sauri?" Sai ya gyara hula, ya dube ka sama da ƙasa, ya ce, "Tukuna. Nuna mani arewa." In ka nuna daidai, ya ce ka yi rabin tafiya. In kuwa ka nuna gabas, ka jawo wa kanka. Zai sa hannu aljihu ya zaro takardar nan tashi mai ninki huɗu, wadda ya jera littattafai bakwai a kanta, ya danƙa maka, ya ce ka je ka karanta ka dawo.

Ku da kuka zauna da shi a Ƙofar Durbi kun san ban ƙara komai ba. A ofishin safiyo, na masu awon ƙasa, ya ƙare ƙuruciyarshi yana zanen taswira. Ya yi ritaya, amma aikin ya ƙi sakinshi. Ni ce babbar yayarshi, a bayana ya girma, ban taɓa zama ajin boko ko na yini ɗaya ba, amma takardar nan ya ba ni ita ya fi sau ashirin. Da ita nake ƙunshe goro.

Wata safiya ya zo gaishe ni, muna bakin zaure, sai ga wani bawan Allah a kan babur, ya sha babbar riga. Ya yi sallama ya tambayi hanyar Ƙofar Sauri. Sada ya ce ya nuna arewa.

Mutumin ya ce, "Baba, ɗaurin aure za ni, ƙarfe goma ne."

"To ai shi ya sa. Wanda bai san arewa ba, ko ya isa bai san inda ya isa ba."

Na ga ya fara laluben aljihu, na ce, "Ɗan nan, miƙe kawai. In ka ga mai tsire, ka karya hagu."

Mutumin ya yi godiya ya ja babur. Sada ya juyo yana huci. "Yaya, mai tsire ba alama ba ce. Mai tsire tashi yake."

Na ce, "Tun kana yawo ba wando ubanshi ke gasa nama a wurin."

Ba a yi wata guda ba aka faɗaɗa titi, mai tsire ya kwashe tukubarshi ya koma wani wuri. Ranar ko karyawa Sada bai yi ba ya taho gidana. Bai ce mani ina kwana ba. Daga bakin ƙofa ya ce, "Ya tashi." Ya juya ya tafi abinshi.

Littattafan nan, ko da ban iya karanta su ba, na san su kamar 'ya'yan maƙwabta, don da launi nake kiransu. Akwai ja, wanda ke bayanin yadda ake shimfiɗa duniya mai zagaye a kan takarda. Saboda shi Sada ya ɓare mani lemo ya fi a ƙirga, yana danna ɓawon a faifai yana cewa in duba yadda yake tsagewa. Ni dai in shanye lemon. Akwai kore mai ƙiba, na taswirar cikin kwamfuta. Ya ce mani kamar zannuwana ne a cikin akwati, ɗaya kan ɗaya: wannan na tituna, wannan na gidaje, wannan na ruwa, ka ɗaga wanda kake so ka ga na ƙasanshi. Kada ku ɗauka tsoho ne mai gudun na'ura. Yana sonta ƙwarai. Cewa yake, "Tauraron ɗan'adam yana ganin rufin kowa, amma bai san abin da ke ƙarƙashin gida ba sai an gaya mashi."

To abin da ke ƙarƙashin gidajen shi ne ciwon ranshi. Birnin nan da cike yake da kududdufai da rijiyoyi da marina. Aka bi su da shara aka cike, aka yi gini a kai. Damina ta zo, bango ya tsage, ɗaki ya zauna, mutane su ce tsautsayi. Sada ya bi su ɗaya bayan ɗaya ya rubuta a kati: sunan kududdufi, inda ya fara, inda ya tsaya, inda ruwanshi ke fita in ya cika. Gwangwanin biskit goma sha biyu ya cika da su, ya kulle a kabad. Ɗaliban jami'a masu koyon taswirar kwamfuta suka yi ta sintiri suna roƙon ya ba su su shigar. Ya taɓa ba wani aron gwangwani ɗaya, ya dawo da shi a hargitse da maiƙon ƙosai a jiki. Daga ranar ya kafa doka: ba mai taɓa kati sai wanda ya gama littattafai bakwai. Ga shi idanunshi sun fara yana. Matarshi Indo kuwa ta sha faɗa a gabanshi cewa ranar da ya rufe ido, da katunan za ta hura wuta. Shi dariya yake. Ni ba na yi, don na san Indo.

Katunan ma ba saye yake ba. Katin gayyatar biki ne yake juyawa ya yi rubutu a baya. In aka kawo mashi gayyata, kafin ya tambayi ɗiyar wa za a aurar, sai ya juya katin ya shafa. In bayan fari ne, ya ce, "Allah ya sa albarka, gidan mutunci ne." Da ɗan amininshi zai yi aure, aka buga kati mai ruwan zinari gaba da baya. Sada ya juya, ya sake juyawa, ya miƙa wa ɗan aiken.

"Ka ce da Alhaji na gode. Amma wanda bai bar wa mutane wurin rubutu ba, ban ga abin da zai bar masu a faranti ba."

Sai da aminin ya aiko mashi da kwalin sukari guda uku, ya yanka ya ga suna ɗaukar biro, sannan ya sa hula ya tafi ɗaurin auren.

Baƙin littafin shi ne ya kusa raba mu. Wannan kan yadda ake ajiye bayani ne, ta yadda in an nema za a samu. Shekarar da na tafi aikin Hajji na bar mashi makullin ɗakina. Na dawo na tarar kowane kwano, kowane ƙulli, har muciya, an manna mashi lamba. An sauya wa komai wuri. Ga ɗan gwangwani da katuna a kan gado.

Ya ce, "Yaya, kin huta. Duk abin da kike so, ki duba kati."

Na ce, "Da idon wa? To nemo mani daddawa, miya zan kaɗa."

Ya zauna ya buɗe gwangwani. Katin daddawa ya ce a duba kayan miya. Katin kayan miya ya ce a duba kalwa, tunda daga ita aka yi ta. Katin kalwa ya ce a duba ɗorawa. Yana can yana bin dangin daddawa har kakanninta, ni kuwa na ja numfashi sau biyu, na miƙa hannu bayan tulu na ɗauko ta. Ya dube ni, ya dubi daddawar, ya ciro sabon kati ya yi rubutu.

Na ce, "Me kuma ka rubuta?"

Ya ce, "Hanci. Littafin bai kawo shi ba. Giɓi ne babba."

Haka aka yi ta tafiya, idanun Sada na ƙara rufewa, ɗalibai na zuwa suna komawa hannu wofi. Wasu su karanta biyu su gudu. Wasu su rantse sun gama, ya yi masu tambaya ɗaya ya kore su. Na yi faɗan har na gaji. Na ce mashi, "Sada, gara da Indo suna jiranka, kai kuma kana jiran waliyyi."

Rannan bayan la'asar sai ga sallama. Wata yarinya ce doguwa da jaka a kafaɗa, ta durƙusa ta gaishe ni, ta ce sunanta Hadiza, daga Ƙofar Kaura, ɗaliba ce a jami'a.

Ta ce, "Hajiya, na gama shida, na zo na bakwai."

Na ce, "Ɗiyata, kin yi ɓatan kai. Gidan Sada lungu uku ne gaba."

Ta zaro takardar nan da na sani, ta sa yatsa a layin ƙarshe ta karanta mani: "Na bakwai: Hajiya Abu, Ƙofar Durbi, gida mai tsamiya. Ba a ba da aronta. A je bayan la'asar, kuma kada a katse ta."

Shekara nawa ina ƙunshe goro da sunana ban sani ba. Ashe sauran ɗaliban in sun zo nan sai su ɗauka raha ce ta tsoho, su tsallake. Shi kuma tambayar da yake korarsu da ita guda ce: wane irin goro Hajiya ke ci?

To fa, aka taɓo inda nake so. Mu muka yi wanki a kududdufan nan, mu muka ɗebo ruwa a rijiyoyin, mun san wadda ke da zartsi da wadda ke ƙafewa da bazara. Wata biyu yarinyar nan tana zuwa, tana ajiye wayarta a tabarma, ina zuba. Har muka zo kan kududdufin bayan marina, na ce in ya cika yamma yake fita, ta lungun masaƙa. Ta ɗago kai ta ce ita kam Baba Sada ya taɓa gaya mata a katinshi gabas ne, wajen ganuwa.

Na ce, "Tashi mu je."

Muka same shi a kan tabarma yana shafa katuna da yatsa, don lokacin da ƙyar yake ganin rubutu. Hadiza ta gaishe shi, ta ce, "Baba, ina ganin katin bayan marina akwai gyara."

Indo da ke tankaɗe ta ajiye rariya. Ba wanda ya taɓa gaya wa Sada haka a cikin gidanshi.

Ya ce, "Da na'ura na auna wurin nan. Na'ura ba ta ƙarya."

Na ce, "Ƙwaryar Inna ma ba ta ƙarya. Ruwa ya ƙwace mani ita a wurin, a lungun masaƙa aka tsinto ta, na sha dukan da har yau ina tunawa. Kai lokacin kana bayana kana tsotsar yatsa."

"Yaya, duka ba hujja ba ce."

"To ruwa hujja ne. Mu jira shi."

Kwana tara muka yi ba ya zuwa gaishe ni. Rana ta goma da hantsi aka sako ruwa kamar da bakin ƙwarya. Yana tsagaitawa na ɗauki 'yar ƙwaryata na aika aka kira Hadiza, muka biya muka jawo shi. Wurin yanzu duk gidaje ne, sai wani fili da ruwa ke taruwa har gwiwa. Mutanen unguwa suka fito kallon tsofaffi biyu a ƙarƙashin lema ɗaya suna harara. Na sunkuya na ɗora ƙwarya a kan ruwa. Ta yi juyi ɗaya, ta yi biyu, ta kama hanya.

Sada ya ƙura ido bai ga komai ba. Ya ce, "Hadiza, ina ta nufa? Kada ki ji tsoron kowa."

Ta ce, "Yamma, Baba."

Ruwa na ɗiga daga hularshi. Can ya ce, "Da rani na yi awon." Sannan ya ƙara da cewa, "Littafi na bakwai ba shi da kuskure. Surutu ne dai ya yi mashi yawa."

A tsaye a wurin ya kwance makullin kabad daga igiyar wandonshi ya ba ta. Ya ce duk waɗanda suka zo a baya kai kawai suke gyaɗa mashi, kuma mai gyaɗa kai zai kwafe kuskure ya zuba a kwamfuta duniya ta ɗauka. Ita ce ta fara cewa kati ya yi ƙarya.

Kada ku ce ya saki duka. Gwangwani ɗaya-ɗaya, a ɗakinshi, a gabanshi, sai ta wanke hannu. Tana karanta kati da ƙarfi, yana saurare ido rufe, ni ina gefe ina gyara masu, tana shigarwa. Indo da kanta ta koma kawo mana kunu. Mun gama na goma sha biyu ana saura kwana kaɗan azumi. Hadiza ta juyo da kwamfutar ta ɗaga zanen gidaje, sai ga tsofaffin kududdufai shuɗi-shuɗi kwance a ƙarƙashin unguwanni. Shi bai iya gani. Ya ce in gaya mashi. Na bi su da yatsa ina kiran sunayensu, yana cewa "na'am" kamar ana kiran yaran gidanmu.

Bayan ƙaramar salla da sati biyu ya rasu, da rana tsaka, kanshi a kan cinyata. Yanzu in mutum zai yi gini a unguwannin nan, akan ce ya je a duba mashi tukuna ko ruwa ya taɓa kwana a wurin. Yawancinsu ba su san sunanshi ba, kuma na san da bai damu ba.

Allah ka jiƙan Sada. Ya tsufa yana tsoron kada ɗaki ya faɗa kan 'ya'yan mutanen da bai sani ba. Ka yalwata mashi nashi makwancin, ka mayar mashi da hasken idonshi a can. Ni na goye shi da ya shigo duniya, ban zaci zai riga ni fita ba. Allah ka sada mu da alheri.