Baturiyar da ta bi ni a Shahe

Kayan barcin mata nake sarowa daga Guangzhou, rigunan leshi marasa nauyi da ɗan kamfai da rigar mama, irin waɗanda ake zubawa a akwatin lefe. A shagona na Kano ba na rataye su a ƙofa, amma duk matar da ta shigo ta san lungun da suke, kuma manyan mata sun fi amare iya zaɓe.

A wata tafiya, ina cikin kasuwar Shahe ina jujjuya wata jar riga, sai na ji idon mutum a ƙeyata. Baturiya ce, ta haura hamsin, kai ya fara furfura. Na san fuskarta, masaukinmu ɗaya, ita zanin gado take saye. Na matsa shago na gaba, ta matso. Na tsaya, ta tsaya wai tana duba safa. Da na waiga sai na ga wayarta a ɗage.

Na sha ganin yadda suke ɗaukar hoton mace mai hijabi su watsa a intanet da dogon rubutu, wai ga abin da muke ɓoyewa a ƙarƙashin mayafi. Ni kuwa an sa ranar auren 'yata, dangin angon malamai ne masu tsantseni. Sun san sana'ata, amma hotona riƙe da jan leshi ya riga ni sauka Kano? Ai shi ke nan, an samu na yi da yarinyar har ta tsufa.

Washegari ta same ni wurin karin kumallo da murmushi da tambayoyi. Su wa ke sayen kayan nan? Mazanmu na yarda? Masu shekaru ma suna sawa? Kowace tambaya sai ta rage murya kamar mai cinikin ƙwaya. Na ce a raina 'yar jarida ce, ba makawa. Na riƙa ba ta amsa guntu-guntu, na janye shayina daga kusa da ita.

Da ta sake bina kasuwa, haƙurina ya ƙare. A gaban mai shagon, ɗan China da muke kira laoban, na tare ta na miƙa hannu.

"Madam, ba ni wayar nan in gani."

Ta ba ni, fuskarta ta yi jajir. Na bi hotunan ɗaya bayan ɗaya, babu fuskata ko a guda. Riguna ne kawai, wata shuɗiya an ɗauke ta ta kowane gefe.

"Ni nake so," ta ce. "Mijina ya daɗe da rasuwa. Akwai wani mutum, za mu yi aure. Da na gaya wa 'ya'yana sai babbar ta ce, Mama, a shekarunki? Kin ba mu kunya. Tun daga nan na kasa shiga irin wannan shagon a garinmu."

Mutanen da suka cika allunan talla da mata tsirara, su ne uwarsu ba ta da ikon son namiji? A wajenmu in bazawara za ta koma ɗaki, ƙawaye ne ke taruwa da dilka da turaren wuta da tsumi, ana shewa, 'ya'yanta ne ma 'yan aike. Raina ya ɓaci, ban ma san da wa nake fushin ba.

Duk da haka ban saki jiki ba, sai da na duba har inda hotunan da aka goge ke zama. Sannan na juya ga laoban na nuna masa shuɗiyar a wayar, na ce babba nake so. Ya ce meyo, wato babu. Na harare shi, ya shiga ciki ya fito da ita.

Ta karɓi ledar da sauri, ta waiga hagu da dama, ta cusa ta can ƙasan jakarta ta ja zif.

"In 'yarki ta gani fa?" na tambaye ta.

"Ba za ta gani ba," ta ce. "A gareji zan ɓoye ta."