Yaya Dije da Tsoho Mai Ɗankwali

Yaya Dije ta rasu.

Da safen nan labarin ya same ni, ina tsaye a kicin ina dama koko. Rifkatu ce ta kira, nas ɗin nan 'yar Kafanchan da ke aiki a asibitin da aka kwantar da ita. Tana cewa, "Maman Amira, nemi wuri ki zauna," na san abin da ya faru. Na Allah ne mu, kuma wurinSa za mu koma.

Ga waɗanda ba su san ta ba: Dakta Hadiza ce, mutuniyar Funtuwa, malama a wata jami'a a cikin Washington, maƙwabciyata a Takoma Park tun zuwana ƙasar nan. 'Yan uwanta duk suna gida. A nan mu ne danginta.

Ban gama share hawaye ba na shiga gurup ɗinmu na mata, ina neman waɗanda za su taya ni yi mata wanka gobe.  Can sai wata baiwar Allah ta rubuta: "Allah Ya jiƙan Musulmi. Amma dai a bincika, don ni da idona na ga gunki a falonta, har ɗankwali take ɗaura masa."

Tun daga nan ba wadda ta ƙara cewa uffan. Zuwa yanzu ni kaɗai ce mai wanka.

Kun san ba ni da yawan magana. Yau dai ku yi haƙuri da ni.

'Yar uwa, ban ji haushinki ba, kuma ba ƙarya kika yi ba. Akwai shi, akwai ɗankwalin. Ɗankwalin nawa ne, atamfa ce mai ruwan ganye, kuma ni na fara ɗaura masa.

Ranar da na fara shiga gidanta la'asar ta same ni a can. Ta shimfiɗa mini darduma. Ina ɗaga kai sai ga kan wani tsoho na farar ƙasa ajiye bisa wata kanta, gemu buzu-buzu, hanci a gutsure, ya zuba mini ido.

Na ce, "Yaya, da wannan a gabana zan yi salla?"

Ta ce, "Malama Saude, marubuci ne fa, ba abin bauta ba. Ɗalibaina suka ba ni shi kyauta."

Na ce, "To, ko marubuci ne ya rufe ido."

Na zaro ɗankwali daga jaka na lulluɓe shi. Ta ce, "Namiji ne fa." Na ce ai ba na yawo da hula.

Ko yau aka maimaita, haka zan yi.

Ba ta ƙara ba ni ɗankwalina ba. Sai ta riƙa yi masa ɗauri, wata rana ma har ture-ka-ga-tsiya, don kawai ta ga yadda zan yi da fuskata. Amma da lokacin salla ya yi sai ta ja ɗankwalin ya sauko har gemu, ta ce, "Baba, kau da kai." Tun safe har dare tsohon nan bai huta da ja da saki ba. Ku je ku duba atamfar, wurin da take kamawa ya koɗe har ya fara yagewa.

Na daɗe ina jin nauyin tambayarta ainihin abin da take koyarwa. In mutane sun tambaye ni sai in ce tarihi ne, in yi sauri in kawo maganar tsadar rago.

Wata rana bayan magariba ta shigo gidana, na zaunar da 'yan matana ina yi musu tatsuniya, ko Hausarsu ta ɗan motsa. Tatsuniyar kura da akuya ce. A bakin kakata, kura cinye 'ya'yan akuyar take yi, ta lashe baki ta tafi abinta. To ni ina zan iya gaya wa yara haka? Dama ƙaramar ta riga ta tambaye ni da Turanci me ya hana akuyar kiran 'yan sanda. Sai na ɗan gyara. A tawa, kura ta kai bakin ƙofa sai tsoron Allah ya kama ta, ta fashe da kuka, ta nemi gafarar akuya, ta koma cin ganye.

Sai na ji cokali ya faɗi a kicin.

Yaya Dije ta leƙo. "Saude, a wane gari kura ta taɓa tuba?"

Na ce, "A Takoma Park."

Ta yi dariya har ta zauna a ƙasa. Da ta samu numfashi ta ce, "Shekara da shekaru ina tonon mutanena a tsofaffin littattafai, ashe ɗaya na nan ƙofarmu na kallon juna."

A ranar ta warware mini aikinta, da Hausar da ko yarana sun bi.

Ta ce Girkawa mutane ne masu ilimi da ji da kai, sai Rumawa suka ci ƙasarsu, mulki ya bar hannunsu. Abin da ya rage musu harshensu ne da labaran kakanni, na ababen bautarsu da jarumansu. To labaran nan cike suke da abin kunya: wannan ya sace matar wancan, wancan ya haɗiye 'ya'yansa. Marubutansu na zamanin Rumawa, masu karatu ne, ba su iya haɗiye labaran yadda suke ba, ba su kuma iya zubar da su ba, don in sun zubar me za su nuna wa Barume su ce namu ne?

Sai kowa ya ɗauki allura da zare.

Wani ya ce ba haka kakanni suke nufi ba, mai haɗiye 'ya'yansa ai zamani ne, da yake cinye duk abin da ya haifa. Wani ya ce duk sarakunan da ne, mutane kamar kowa, maroƙa suka zuzuta su har aka kai su sama. Wani ya mai da su abin barkwanci, yana sa su cacar baki kamar masu rigimar fili. Wani kuma ya bi gari gari yana tambayar tsofaffi, ya tarar kowane gari na rantsuwa a bayan ganuwarsu aka haifi jarumi kaza. Wasu garuruwan ma suka gyara asalinsu tsaf, ya zamana su da Rumawa kaka ɗaya ne, ko a duba su da idon rahama.

Na ce, "Kamar yadda kowa a wajenmu kakansa daga Gabas ya zo?"

Ta ce, "Kin ci jarrabawa."

Na ce, "Amma Yaya, ke kin yarda da ababen nan?"

Ta ce, "Subhanallahi. Likitan da ke nazarin sauro, sauro yake bauta wa? Ni mutanen nake karanta. Ina son in ga abin da mutum ke yi da tatsuniyar kakarsa in ya wayi gari a ƙarƙashin wani."

Nan na ga inda maganar ta nufa: ni da kurata mai tuba.

Ba ta bar ni ba sai da ta kai ni ajinta. Na ƙi, na ƙi, ta je ta roƙi Baban Amira, shi kuma da jin an ce jami'a ya ce ai sai in tafi. Muka hau jirgin ƙasa na Metro da hantsi, ina ta karanta duk addu'ar da na haddace tun makarantar allo.

Ta gabatar da ni, ta ce in ba su tatsuniyar kura irin ta kakata, sannan in ba su tawa, ita za ta fassara. Na dubi taga, rana tsaka.

Na raɗa mata, "Yaya, ba a tatsuniya da rana."

A gidanmu haka aka tashe mu: wanda ya yi tatsuniya da rana zai ɓata a hanya, sai fa in kowa ya ƙulle bakin zanensa tukuna. Ta gaya wa ɗaliban. Wallahi sai ga 'ya'yan Turawa sun duƙufa, mai ƙulla gefen riga na yi, mai ƙulla igiyar takalmi na yi. Wani dogo ya ɗaga nakatayal ɗinsa yana tambaya ko wannan ya wadatar. Na ce a gaya masa ya ƙara ɗaya, wancan ba da niyya ya ƙulla ba.

Da na gama, wata yarinya ta ɗaga hannu, wai da gaske na yarda mutum zai ɓata?

Na ce, "A'a. Camfi ne, kuma addinina ya hana ni yarda da camfi."

Ta ce to me ya sa na ƙulla?

Na ce, "Kakata ce ta ce."

Yaya Dije ta buga tebur ta ce da su, "Ku rubuta wannan. Karatun zangon nan gaba ɗaya ke nan." Har yau ban tantance ba, yabona ta yi ko tsiya.

Ita kaɗai ce a ajin ba ta ƙulla komai ba, wai ita malama ce.

Da za mu koma gida muna ta hira, ba mu farga ba sai da muka ga jirgi ya haye kogi, muna jihar Virginia, mun ɓata hanya. Matar da kullum jirgin nan take hawa.

 Na dai dubi bakin mayafina, na dubi nata. Ta ce, "Saude, in kika yi magana a nan zan bar ki."

Ban ce camfin ne ba. Abin da ya faru na faɗa.

Ganina da ita na ƙarshe ranar Lahadin da ta wuce ne, a asibiti. Ciwon zuciyar da take fama da shi ya rage ta sosai, amma bakin na nan. Na kai mata kunun gyaɗa, ta kurɓa ta ce tsamiyar ta yi kaɗan. Dutsen taimama na gefen matashinta. Rifkatu ta ce mini tun ranar da aka kawo ta ta hana ma'aikata sakat sai da aka juya gadon ya dubi alƙibla, har nas-nas ɗin ɓangaren duk sun san inda Makka take.

Da zan tafi ta riƙe mini hannu.

"Saude, na san halinki. In na riga ki, kada ki yi mini irin ta kura."

Na ce, "Haba Yaya, wace irin magana ce wannan?"

"Kada ki sa ni tuba a kan abin da ban yi ba. Kada kuma ki mai da ni waliyyiya. Ki ba da ni yadda kakarki za ta ba da ni."

Na yi dariya don kada in yi kuka. Ban san sallama muke yi ba.

To, ga ta nan yadda take, ban gyara ba.

Tana da gardama. In ta kama magana ko a wurin suna ne sai ta kai ƙarshenta, abinci na hucewa. Miyar kukarta gishiri ne zalla, duk wanda ya ci ya ce ta yi daɗi Allah Ya yafe masa, har da ni. Ba ta mayar da kula. Duk wadda ta taɓa aika mata abinci ta zo gidan bayan kwana uku, kulolinmu na nan jere a kan firij.

Kuma ita ce ta koya mini tuƙi a filin fakin na wani kanti, ina taka birki tana salati. Lokacin da mahaifiyata ta rasu a Zariya, takarduna ba su ba ni damar tafiya ba, ita ta ajiye aikinta ta zo ta tare a falona, tana karɓar gaisuwa kamar uwarmu ɗaya. 'Ya'yanku nawa ta duba wa takardun neman jami'a, tana faɗa tana gyarawa? Ku kun san kanku.

Kuma tana salla. Na bi ta, ta bi ni, a gidanta da gidana, tsohon nan na lulluɓe.

Da rana tsaka nake rubuta wannan, kuma ban ƙulle bakin mayafina ba, don ba tatsuniya nake ba ku ba.

Gobe da safe za a yi mata wanka a masallacinmu na Laurel, jana'iza bayan azahar. Ina neman mata biyu su tsaya tare da ni. Wadda ba ta taɓa yi ba kada ta ji tsoro, zan nuna mata. 'Yar uwata da ta ga ɗankwali, in kin zo, ke zan fi murna da gani. Wadda ba ta da mota ta yi mini magana, zan ɗauke ta, marigayiyar ce ta koya mini tuƙin.

Ya Allah, ga baiwarKa Hadiza ta zo maKa, baƙuwa a ƙasar da ba tata ba. Ka san ta fiye da yadda muka san ta. Ka yafe mata kurakuranta, Ka yalwata mata makwanci, Ka sanyaya zukatan 'yan uwanta da ke Funtuwa waɗanda ba za su ga fuskarta ba. Ka sa ta iske hanya miƙaƙƙiya zuwa Aljanna, ba ɓata ba sauya jirgi.

Duk wanda ya karanta har nan, don Allah kada ya wuce bai yi mata addu'a ba, da sunanta. Mata kuma, ina jiran sunayenku a ƙasa.