Ranar da Rahamatu Ta Tsallake Lama

Ruba, 'yata ta biyu, ita ta fara ba ni labarin. Muna tsinkar lalo, waya na kan cinyarta, ta ce wai a ƙasashen Turawa, ɗaruruwan shekaru baya, har kotu ake zama a kan maita. In an zargi mace sai a ɗaure ta a saka ta a ruwa. In ta taso sama, mayya ce, hukunci ya hau kanta. In ta nutse, to ba ruwanta, sai a jawo ta da igiya in da sauran numfashi. Ta ce, "Ummi, ki ji rashin hankali." Na ce mata, goge hannunki ki rubuta abin da zan faɗa. Mu ma an yi a Mahjar, unguwarmu a nan Jidda, kogi ne kawai babu.

Rahamatu sunanta. Hausawan Sudan ne iyayenta, can aka haife ta, ta zo Jidda da mijinta tana da sauran ƙuruciya. Mijin direba ne a wani gida a Abhur, can wajen gari, sai ranar Juma'a take ganinsa, har Allah ya karɓi abinsa. Sau biyu ta haihu, duka suka koma. Ba ta koma Sudan ba. Ta ce can kaburbura ta bari, nan ma tana da su.

Sana'arta wankan jego. In aka sallamo mace daga asibiti, kafin a gama shigo da kaya Rahamatu ta iso da ganyen darbejiya da take tsinkowa a bakin masallaci. Tana da wata ƙatuwar tukunya da ta zo da ita tun daga Sudan. Ta dafa ruwa, ta yi wa mai jego wanka, ta dama kunun kanwa, ta gasa wa jariri cibiya. 'Yan matan da aka haifa a Jidda ba sa son ruwan zafin. Sai su kira ta inna da Larabci, su ce, "Khala, wallahi da zafi, halas." Ita kuma ta ce, "Uwarki ma haka ta ce, ga ta nan tana hawa bene da ƙugunta." Jaririn da ya hana gida sakat, in ta ɗora shi a kafaɗa sai ka ji tsit. Rabin yaran layin nan bayanta suka fara sani. Dada suke ce mata.

Cikin yaran duka, Lama ta fi manne mata. 'Yar Othman ce da Zakiya, suna saman bene, ɗakin Rahamatu na ƙasa. Othman haifaffen Jidda ne, tun kakanninsa, Hausarsa ma rabi Larabci ce. Zakiya kuwa daga Najeriya aka kawo ta, tana ɗinki a wani shagon mata, don haka wuni Lama take yi a wurin Rahamatu. Ba ta cin abinci sai a hannunta.

Shekarar da Lama ta kai huɗu, mahaifiyar Zakiya, Hajiya Latifatu, ta zo umara ta sauka wurin 'yarta. Tana nan zazzaɓi ya kama yarinyar. Aka kai ta asibiti, aka ba da magani, aka ce in bai sauka ba a dawo da ita. Bai sauka ba. Jiki ya yi rau, ido ya juye, ta fara sambatu. Abu ɗaya take faɗa. Dada, Dada.

Hajiya Latifatu ta ce, "Wace ce Dada?"

Aka gaya mata. Ta tambaya ko tana da miji, aka ce ya rasu. 'Ya'ya fa? Aka ce sun koma. Ta gyara zama. Ta ce a garinsu, in maye ya kama kurwar mutum, mara lafiya da bakinsa yake kiran sunan wanda ya kama shi. Ta ce a ajiye kwalaben asibitin nan, magani ba ya shiga jikin da babu kurwa a ciki. Ta sa aka rufe taga, aka kashe na'urar sanyi, aka turara ɗakin da wasu saiwoyi.

Bayan la'asar Othman ya ƙwanƙwasa wa Rahamatu. Ya ce, "Khala, Lama na kiranki." Ta zuba kunu a kofi, ta yafa mayafi, ta bi shi.

Tana shiga ta ga mata sun cika falo, matan layi, duk ta san jikinsu ciki da waje. Ba wadda ta amsa sallama da ƙarfi. Yarinyar ba ta kan gado. An shimfiɗe ta a ƙasa, a tsakiyar ɗaki, an bar fili dama da hagu. Rahamatu ta taɓa ganin irin wannan shimfiɗa sau ɗaya, tana yarinya a Sudan, ranar da aka kira wata mai sayar da kifi. Ta ajiye kofin a bakin ƙofa.

Hajiya Latifatu ta ce, "Baiwar Allah, ba faɗa muka kira ki ba. Ki tsallake yarinyar nan ki sakar mana ita, kowa ya kama gabansa."

Rahamatu ta ce, "Hajiya, in ido kuke tsoro, a kawo ruwa in yi alwala a zuba mata, yadda malamai suka koyar. Wannan ba abin kunya ba ne. Uwa ma tana kama ɗanta da ido."

"Ba maganar ido muke ba. Kin san maganar da muke."

Othman na tsaye a bakin ƙofa, ya gaji, kwanansa nawa bai je aiki ba. Ya ce, "Khala, ruwa, tsallakawa, ai duk ɗaya ne. Ki yi don hankalin Hajiya ya kwanta. Taku ɗaya ne, yalla."

Shi har zuciyarsa haka ya ɗauka. Ya tashi yana ganin ana karɓar ruwan alwalar maƙwabci a zuba wa yaro, washegari a sha shayi tare. Bai san cewa a wurin matan nan mayya kaɗai ake sa wa tsallakawa ba. In ta tsallaka yarinya ta tashi, to ita ce, ta saki. In ta ƙi yarinya ta rasu, ita ce, ta cinye. Zakiya ta sani. Tana zaune a gefen 'yarta, idonta a ƙasa.

Rahamatu ta dubi Lama. Leɓenta ya bushe ya tsage, ga hayaƙi a ɗakin har manya na tari. Ta ga kwalaben magani a saman firji, nesa da hannu. Ta yi shekaru tana riƙe yara, ta san leɓen da ba zai kai kwana biyu a haka ba. Ba ta ji tsoro ba, ba ta ji haushi ba. Ta ce daga baya kamar an zare mata wani abu ne, tana tsaye tana kallon wata mata mai kama da ita.

Ta ce, "Othman, ɗana. In na tsallaka, yanzu za ka ɗauke ta ka kai asibiti?"

Hajiya Latifatu ta ce, "In kin sake ta, ko Madina ce a kai ta."

"Da shi nake. Othman?"

Ya ce, "Wallahi, Khala. Mota na ƙasa."

Ta cire takalminta. Ta tattare zaninta ta yi bisimilla a hankali, ta ɗaga ƙafa ta tsallake. Aka ce ta dawo, ta dawo. Aka ce saura ɗaya, ta cika. A na ƙarshen Lama ta buɗe ido ta kamo gefen zanin, ta ce, "Dada." Wata daga cikin matan ta ja numfashi. Rahamatu ba ta sunkuya ba. Ta tsaya har Zakiya ta ɓamɓare yatsun, sannan ta sa takalminta ta sauka. Kofin kunun nan a bakin ƙofa ya kwana.

A asibiti suka kwantar da Lama, suka yi mata ƙarin ruwa da allurai. Kafin mako ya zagayo tana gudu a kan bene.

Ba wanda ya zagi Rahamatu. Ba wanda ya nuna ta da yatsa. Ana gaishe ta, tana amsawa. Sai dai in ta fito, sai uwa ta tuna akwai abin da za ta aiki ɗanta ciki. Wadda ta ari tukunyar ta aiko da ita, aka ajiye a ƙofa ba sallama. Aka haihu a gidan da ke kallon nata, ta tsinko darbejiya ta jira, ganyen ya bushe a kan taga. Wata aka kira daga wata unguwa.

Othman ya zo da kwalin dabino, a gaban mutane ya ce, "Albarkarki ce, Khala, kina tsallakawa ta warke." Ta karɓa ta ce Allah ya raya. Sai daga baya wani dattijo ya zaunar da shi ya fassara masa. Ya yi ta bin maza a masallaci yana cewa ƙarin ruwa ne, likita ne, shi ya matsa mata. Maza suka ce gaskiya ne, zato zunubi. Amma ba maza ke zaɓar mai wankan jego ba.

Hajiya Latifatu ta koma gida. Ta aiko da saƙo a gaya wa Rahamatu ta yafe mata duniya da lahira.

Zakiya ta taɓa tarar da ita a bakin famfo, ba kowa. Ta ce, "Dada, ni ban yarda ba, wallahi."

Rahamatu ta ce, "Na sani. Yaya Lama?"

"Tana ta tambayarki."

"Za ta daina."

Da haya ta ƙare ba ta sabunta ba. Ta koma Balad, tsohon garin Jidda, ta kama ɗaki a wani tsohon gida, inda ba wanda ya san ta da jego.

Tana can yanzu. Wani mai shagon tsaraba ya ba ta wuri a gefen ƙofarsa, tana shirya masa carbi, tana zura ƙwaya a zare daga hantsi zuwa magariba. In an kira salla ta tafi sahun baya. Lama ta zama budurwa, tana jin Hausa ba ta mayarwa, kuma ba ta tuna komai. Wani lokaci alhajiya mai goyo takan tsaya zaɓar tsaraba, ta miƙo jaririnta ta ce, "Baba, riƙe min." Rahamatu takan ce hannunta da zare, ta sunkuyar da kai har su wuce. Tukunyar tana nan. Ta kife ta, a kanta take ɗora farantin ƙwayoyin.