Fuskar Enoch a Bakin Shinge

Maud Tickner wankau ce a garinmu, mace mai kaifin baki da ba ta roƙon kowa komai. Sau ɗaya ta taɓa roƙona, kuma har yau ina baƙin cikin amsawa.

Mijinta Enoch mai kula da dawakai ne. A 1913 masu majigi suka zo nan Surrey ɗaukar labarin wani bawan Allah da aka yi wa ƙazafin tare hanya. Jarumin nasu ko jaki bai iya hawa ba, sai aka ɗaure wa Enoch ƙyalle a fuska ya yi sukuwa a madadinsa. Wajen tsallake shinge iska ta yaye ƙyallen, fuskarsa ta fito yana dariya, ƙiftawar ido ɗaya. Bayan shekara uku yaƙi ya cinye shi a Faransa. Bai bar hoto ba.

Ni nake juya injin majigi da hannu a zauren gari. Da tsohon fim ɗin ya zagayo mana a 1919, kwafin da ya rage ke nan, Maud ta hawo ɗakin inji tana ƙanshin sabulu.

"Percy, in an zo shingen nan ka sassauta hannu."

"Maud, fim ɗin nan ba ya son jinkiri gaban fitilar inji. Wuta yake kamawa."

"Wa ya ce ka tsaya, sarkin tsoro? Fuskarsa ce ta fara ɓace mini. Jiya na kasa tuna hancinsa."

A nunin la'asar ta zauna layin gaba. Doki ya taso, na rage gudun injin, na ƙara ragewa. Ƙyalle ya yaye, ga Enoch haƙora a waje. Na jiyo ta tana cewa, "Kai, ja'iri!" Ni ma Enoch abokina ne. Hannuna ya tsaya cak.

Wani tabo ya ɓullo a goshinsa, ya buɗe, ya cinye fuskar. Na kashe wutar da rigata, na yanke ƙonannen wurin, na liƙe. Aka ci gaba, aka wanke jarumi daga zargi, jama'a suka tafa.

Ba ta zage ni ba, da ma ta zaga. Kullum tana zuwa har mako ya ƙare, tana kallon mai ƙyalle ya tashi sama, sai kawai ga shi ya dira. Ranar ƙarshe ta tare ni a ƙofa.

"Hancin nasa a ɗan karkace yake, ko, Percy?"

Na ce a karkace yake. Allah ya sani, ni ma ban tuna ba.