Ƙungiyarmu da Gonar Baba

In ana maganar wanda ya kafa ƙungiyar ƙwallon garinmu, akwai mutum bakwai a Dogon Dutsi da kowannensu ya sha rantsewa shi ne. Uku sun rasu, huɗun da suka rage har yau gaisuwarsu ba ta wuce ta fatar baki saboda wannan magana. Ni dai abin da na sani, babu ko ɗaya cikinsu da ya kawo fili. Filin na mahaifina ne, kuma shi bai taɓa kiran sa fili ba. Gona ce a bakin gari, shimfiɗaɗɗiya, wadda ya gada wajen kakanmu, kuma hatsinta ne muke ci daga wannan kaka zuwa waccan.

Yadda aka ba ni labari, wani mushen lakwal ne, wato malamin makarantar boko, da aka turo garin ya zo da balo, ƙwallon ƙafa, a cikin akwatinsa. Bayan girbi ya ga gonar ba tudu ba kwari, sai ya je neman izini. Baba ya ce masa ai bayan girbi ko awaki shiga suke ba su tambayi kowa ba. Wannan magana ita ce duk yarjejeniyar da ke tsakanin ƙungiyar da gidanmu, ba takarda ba shaida. Da farko azara aka kafa a matsayin raga, daga baya wani maƙeri ya haɗa ta ƙarfe aka dasa da siminti. Baba bai ce a cire ba. In damina ta faɗi sai ya shuka ya kewaye su, yana rataya rigarsa da goran ruwansa a ƙarfen sama.

Matsalar ƙungiyarmu a wancan zamani guda ɗaya ce, amma ta isa. In akwai fili babu ƴan wasa, in akwai ƴan wasa babu fili. Da an ɗaure damman ƙarshe, samarin da suka iya ƙwallo sai su ɗauki jaka su tafi cin rani, wasu Sakkwato, wasu Legas, wasu Kwatano. A bar mana malaman lakwal biyu, da jandarma ɗaya, da wani ma'aikacin asibiti mai tumbi wanda yake tsaron raga don ita kaɗai ce ba ta buƙatar gudu. Da ruwan farko ya sauka, sai ga samarin sun dawo da sababbin takalma da riguna masu lamba, su zo bakin gona su tsaya suna kallon Baba yana shuka. Saboda haka ƙungiya ta gaskiya mako biyar take rayuwa a shekara, tsakanin girbi da tafiya.

Amma a cikin makonnin nan biyar ba a cin mu a gida. Baba ba ya tone tushiyar kara, ya ce tana riƙe ƙasa, mu kuwa mun san yadda layin shukarsa ya tafi, muna bin tsakani kamar akuya a lungun da ta saba. Ƴan Tibiri da ƴan Kore Mairuwa in sun zo, rabin wasan a ƙasa suke yin sa, suna tashi suna duba yatsun ƙafa. Sun sha cewa asiri muka binne a gindin raga, har akwai waɗanda suka ce aljanar nan Doguwa ce ke sa musu ƙafa. Mun bar su da zatonsu, domin ya fi gaskiyar kwarjini.

Ni na shiga ƙungiyar ina saurayi, kuma ba zan yi wa kaina ƙarya ba a wannan shekaru: ɗan mai gona ne ni, shi ya sa ba a taɓa ajiye ni a benci ba. Baba kuwa bai taɓa tsayawa kallon wasa ko sau ɗaya ba. Cewa yake in da samarin nan za su yi wannan gudun da hauya a hannu, da Arewa ba ta san yunwa ba.

Abubuwa sun sake ne lokacin da wasu matasan ƴan kasuwa suka karɓi kwamitin ƙungiyar. Mutane ne masu tsantseni a addini, masu son tsari, kuma sun zo da sharuɗɗa. Wando ya sauko ya rufe gwiwa, laya ta fita daga cikin safa, kuma ba a fara wasa sai an sallame la'asar. Mai tsaron ragarmu na lokacin ya cire layu har huɗu yana ƙunƙuni, ya ce duk ƙwallon da ta shiga daga yau ba ruwansa. Sai dai abu mafi girma da suka yi shi ne hana cin rani. Suka raba samarin a shagunansu, wannan yana auna siminti, wancan yana sayar da kayan babur, ƙarshen wata kuma ga ɗan albashi na ƙwallo. A ranin nan ne na fara jin kalmar furofesiyonel, kuma muka riƙa faɗin ta ko ba a tambaye mu ba.

Da ƴan wasa suka zauna gida rani guda cur, sai muka riƙa ci. Muka ci na kusa, muka je Dosso muka ci, har aka wayi gari an ce mun hau rukunin da ake buga wa da manyan garuruwa. Garin ya ɗauka, aka zagaya da mu a bayan mota. Ruwa ya sauka bayan kwana kaɗan, Baba ya ɗauki sungumi ya shuke filin kamar yadda ya saba, kuma cikin murna babu wanda ya tuna da abin da hakan ke nufi.

Sai ƙarshen damina aka aiko mutum daga Yamai ya duba filin, domin a wannan rukuni sai fili ya cika sharaɗi. Shugaban kwamiti ya yi duk dabarar da ya iya. Ya ba shi abinci, ya ba shi shayi har zagaye uku, ya kai shi ya ga dutsen da garin ya ci sunansa. Daga ƙarshe baƙon ya dubi agogo ya ce shi fa teren, wato filin wasa, ya zo gani. Muka rako shi bakin gona, shugaba ya miƙa hannu ya ce ga shi nan. Hatsin shekarar ya yi kyau ƙwarai, ya fi mutum tsawo, babu abin da ake gani sai ƙarfen saman raga da rigar Baba a rataye.

Baba ya fito daga cikin hatsin, ya ga mutum da takarda da igiyar awo, sai ya ɗauka malamin gona ne. Ya kama hannunsa ya ja shi ciki, yana nuna masa inda tsutsa ta fara taɓa zangarniya, yana tambayar ko an zo da magani. Baƙon ashe shi ma ɗan manomi ne, sai ga shi yana murza zangarniya yana yaba iri. Sai da suka yi kusan rabin awa kafin ya tuna abin da ya kawo shi. Ni aka ba bakin igiyar, na kutsa cikin hatsi, ba na ganin sa ba ya gani na, muna ta kiran juna kamar masu neman ɓataccen jaki. Tsawo ya cika, faɗi ya cika. Ya ce zai dawo bayan kwana ashirin, in ya tarar da fili an share an daidaita, kuma an yi alkawarin ba za a sake shuka shi ba, to, shi ke nan. In ba haka ba, a ba wani gari gurbinmu.

Hatsin kuwa yana buƙatar fiye da wata kafin ya isa girbi. Kwamiti ya zauna, dattawan nan bakwai da suka kafa ƙungiya duk suka hallara, aka yi ta jawabi, amma da aka zo kan wanda zai tunkari mai gona sai kowa ya juyo yana kallo na.

Na same shi da rana a gindin aduwa yana shan fura. Na durƙusa na yi ta kewaye-kewaye, har ya gaji ya ce in faɗi abin da aka aiko ni.

"Baba, gonag ga suka so."

"Da rani ai tasu ta."

"Har da damana, Baba. Kuma sai an sare hatcin ga kahin kwana ashirin."

Ya ajiye ludayi. Na yi sauri na ce kwamiti ya samo masa wata gona a bayan dutse, kuma za su kawo hatsi a madadin na bana. Bai ko kula wannan ba. Ya dube ni ya ce, "In ban ba su ba, hidda ka za su yi?"

Ni da shi duk mun san amsar. Ya daɗe yana kallon hatsin, sannan ya ce in gaya musu aro ne, ba kyauta ba, ba sayarwa ba. Na tashi ina murna, kuma wannan murna tana cikin abubuwan da nake jin kunyarsu har yau.

Ranar da aka sare hatsin Baba bai kwana garin ba, ya tafi Dumega gaida wata ƙanwarsa da ya shekara biyar bai neme ta ba. Hatsin ya kai tumu, don haka mako guda duk unguwar da ka bi ƙamshin gashi kake ji. Masu kiwon raguna suka kwashe karan. Aka tone tushiya, aka zuba ruwa, aka kawo motar daɓe ta yi ta kai da kawo. Baƙon ya dawo ya sa hannu, ya tambayi ina tsohon nan mai hatsi, aka ce ya yi tafiya.

Shekara uku muka yi a wannan rukuni. Da tushiyar kara ta tafi, sai ya bayyana cewa ita ce babbar ƴar bayanmu. Baƙi suka riƙa zuwa suna gudu a filinmu yadda suka ga dama, mai tsaron raga yana tsamo ƙwallo yana tuna wa kwamiti maganar layunsa. Mun ga gari dai, mun je Maraɗi, mun je Tawa, mun sha kashi a wurare masu nisa. Akwai ranar da muka yi kunnen doki da wata babbar ƙungiya ta Yamai, kuma in ka ji tsofaffin ƴan wasanmu suna ba da labarin sai ka rantse kofi muka ɗauko. A duk tsawon lokacin nan Baba yana hawa amalanke da sassafe zuwa gonar bayan dutse, wadda rairayi ce zalla, kuma rumbunmu bai sake cika ba. Bai taɓa yi mini gori ba, ni kuma ban taɓa tambayar sa ba.

A shekara ta uku muka faɗo. Daidai lokacin aka gama wani fili mai katanga a ɗaya gefen gari, ƙungiya ta koma can, kuma tana nan har gobe tana fama a ƙaramin rukuni. Ni ma a nan na ajiye takalmi. Kwamiti ya zo gida da jawabi, aka mayar wa Baba gonarsa, aka haɗa masa da rigar ƙwallo sabuwa, wadda innarmu ta mayar abin tace kunu.

Da ruwa ya sauka muka je shuka, ni da shi da ƙannena. Ya kai sara da sungumi, sungumin ya yi tsalle ya dawo. Gonar ta zama fako, ruwa ma bin kanta yake ya wuce. Muka yi kwanaki muna haƙa ramuka muna zuba taki, duk da haka hatsin da ya fito bai wuce gwiwa ba, ja-ja, abin tausayi. Wuri biyu ne kaɗai ya yi kyau, ɗaya a gefen gabas kusa da raga, ɗaya a gefen yamma kusa da ɗaya ragar, sun yi kore shar kamar ba a gonar suke ba.

Wata safiya Baba ya kira ni ya kai ni na gabas, sannan ya ratsa da ni zuwa na yamma. Ya ce shi bai san ƙwallo ba, amma ya san ƙasa, kuma wuraren nan biyu ba a tattake su ba.

"Wa ka tsayawa nan?"

Na duba da kyau. Gefen hagu ne na masu kai hari, inda ake ajiye wanda ba a ba ƙwallo, shi da mai tsaron sa su yini suna hira. In an juya bayan hutu, sai ya koma wancan.

"Ni na, Baba."

"Duk shekara ukun?"

"Duka."

Ya sunkuya ya cire wata ciyawa daga gindin hatsin, ya karkaɗe ƙasar saiwarta. Ina jiran faɗa, ko dariya, ko ya tambaye ni abin da ya sa ya sare hatsinsa ɗanye saboda mutumin da ko gudu ba ya yi.

"To, Allah shi yi ma albarka," in ji shi. "Cikin ashirin da biyu, kai ɗai ka tausaya min."

Dami huɗu muka ɗaure a gonar a shekarar, uku daga wuraren nan biyu suka fito.